Takabar Kulu a Ikko

Akuyata na saida na shiga motar Ikko, wato Legas, ni da Kulu 'yar Fakku, shekarun da kuɗin mai sunka haukata gari. Ku matso, ba ni maimaitawa.

Agege munka sauka, muna saida tuwo bakin tasha. Mai gidan haya wata Bayarabiya ce, wai "landiledi". Suna kamar na maganin tsutsa.

Nan Kulu ta auri Mamman direba, ɗan Dogon Daji. Baki awa zuma. Na ce mata mai gyaran gashin baki a madubin mota ba miji ba ne. Ta ce hassada nika.

Ran nan yaron motarsa ya zo shina kuka, wai mota ta ƙone a hanyar Jabba, ko gawa ba a samu ba. Kulu ta shiga takaba yadda aka yi a gida: ba kwalli, ba fita, ba sana'a. Ikko kuwa ba ta san takaba ba.

"Ta fita ta nema, ko ta fita da kayanta!" in ji landiledi.

"Iya, mijinta ya mutu."

"Nawa ma ya mutu. Washegari na buɗe shago."

Ni kaɗai na riƙa tuƙa tukunya biyu har ta gama takabar. Ta rame awa kara.

Ran da ta fita na ja ta silima don ta sha iska. Fim ɗin Turawa ne, mata na ta kuka da fasa kwanoni kan namiji guda, mutane na ta dariya. Ni ma na dara. Sai Kulu ta damƙe mini hannu. Ga Mamman a benci na gaba, ya yi ƙiba, wata na ɓare masa gyaɗa.

"Mamman, kai ne?"

Ko kunya. "Kulu, ba kin gama takaba ba? To ki bar ni a mace, ya fi mana sauƙi."

Ba ta yi kuka ba. Dariya ta kama, anka kunna fitilu tana yi, har motar komawa gida ta kawo mu Tambuwal tana yi.

Na kai ta Fakku hannun uwarta. Liman ya ce aurenta na nan, tunda mijin na da rai. Kulu ta ce ita ta riga ta binne shi. Shekara ba ta zagayo ba munka binne ta.