Mahaucin da Ya Soke Sarki

Wata tsohuwa ta tsaya a teburin mahauci, ta ƙura masa ido.

"Ɗan nan, ba kai ne ka soke sarki a wasan kwaikwayon jiya ba?"

Mahaucin ya ja tsaki. Ita ce ta tara yau.

"Inna, wasa ne fa! Tun ba a haife ni ba ake kashe sarkin nan. Wuƙar ta kwali ce, sarkin kuma yayana ne, yana shagonsa lafiya lau."

"Bara na kalla, suka ɗaya aka yi masa. Kai kuwa sai da na ƙirga huɗu."

Ya sari ƙashi da ƙarfi.

"Shekara shida ina roƙon a ba ni sarkin nan, kullum shi ake ba! Tsoka ko hanta?"