Mai Rubuta Sunaye

A tashar jirgin ƙasa ta Titiwangsa, wani dattijo ya leƙa wayar Mus'ab.

"Samari, wane fim ne wannan?"

Mus'ab ya kife wayar, don bai san mutumin ba. "Na tarihi ne, Baba. Wai 'yan gurguzu ne suka zuga baƙaƙen Amurka neman 'yanci."

"Wanda aka taka wa ƙafa sai an zuga shi zai yi ƙara? Wa ya shirya fim ɗin?"

"Ba su faɗa ba."

"Ai ba sa faɗa. A garinmu ma, zamanin Turawa, talaka na ɗaga murya sai a laƙaba masa sunan ɗan gurguzu, a ɗaure."

"Ku ya aka yi kuka sani?"

Dattijon ya kalli layin dogo.

"Mahaifina ne yake rubuta wa Turawa sunayen."