Lauyan Gida

A bencin ƙofar kotu, wani dattijo ya juya ga matar da ke gefensa.

"Baiwar Allah, 'yata ce ta kai jami'a ƙara. Sun hana ta digiri na biyu a haɗa magunguna, wai na farkonta ba na fannin ba ne."

"Ayya, Baba. An daɗe ana yi?"

"Waɗanda aka ɗauka lokacin har sun gama. Amma lauyanmu gwani ne. Mijinta ne ma, a nan suka haɗu."

"To me ya hana hukunci?"

"Shi ke roƙon a ɗage zama. Bara ciki, bana goyo."

"In ta yi nasara fa?"

"Sai ta tafi karatu can wani gari."

"Lallai, Baba, surukinka ya san aikinsa."

"Ai na gaya miki!"