Sa Hannun Suruki

A rumfar mai shayi, bakin kotu a Lucknow, wani dattijo ya dami wata matashiya da mita, ita kuwa sai leƙen ƙofar kotun take.

"'Yata, masu ƙarar nan sun sa an sake ɗage jarrabawar ƙwarewar likitoci. Ɗana Tarun har ya rame."

"Ni na kai ƙarar, Kawu. An tura mu sansanin ambaliya, horonmu na asibiti ya ƙare a makare, aka hana mu zanawa."

"Wautarku ce. Tarun yana gida yana karatu, surukina, shugaban asibitinsu, ya sa hannu cewa ya kammala horon."

"Bai taɓa duba majiyyaci ba?"

"Ai zai duba bayan jarrabawa."

Ta dire kofinta.

"Shanye shayinka, Kawu, ka zo ka maimaita wa alƙali."