Tambayar Iliyasu

A tashar Kura, Malam Dalhatu yana jiran motar Fijo ta cika, idonsa na kan littafin wata ɗaliba da ke gefensa.

"'Yata, lissafi ne wannan?"

"Shi ne, Baba. Na jami'a."

"To, a can ana raba abu da sifiri? Ɗana Iliyasu ya taɓa tambaya a firamare, malamin ya ce ba a yi, ya kira shi daƙiƙi a gaban aji. Tun daga nan makaranta ta fita ransa."

"Ba a yi ɗin, Baba. Amma mu matsawa muke kusa da sifirin kaɗan-kaɗan, mu ga inda amsar ta dosa. Kamar ruwan kanal ne in ya shige ƙarƙashin kwalbati. Ba ka ganinsa, amma in ka dubi mashigarsa da mafitarsa, ka san inda yake."

Dattijon ya sake duban littafin.

"Ashe tambayar ba ta banza ba ce."

"Wallahi babba ce. Yanzu yana ina?"

"Yana Kadawa, ban ruwan tumatir yake." Ya gyara zama. "Maimaita mini a hankali, 'yata. Ina so in kai masa yadda kika faɗa."