Arba'in Cikin Ɗari

A bencin jira na ƙofar ɗakin tiyata, wata matashiya tana lissafi da yatsu, wani dattijo a gefenta yana kallon ta.

"'Yata, me kike ƙirgawa?"

"Mijina ne a ciki, Baba. Likita ya ce kashi tamanin cikin ɗari zai jure aikin. In ya jure, kashi hamsin zai farka. Na haɗa, ɗari da talatin. Ai har ya yi rara."

"Ba haɗawa ake yi ba. Ɗauki maza ɗari. Nawa suka jure?"

"Tamanin."

"Cikin tamanin ɗin, rabi suka farka."

Ta daɗe tana kallon yatsunta. "Arba'in? Haba Baba, da ka bar ni da ɗari da talatin ɗina!"

"Arba'in ba kaɗan ba ce. Ni hamsin da hamsin aka ba ni, ashirin da biyar ke nan."

"Yaushe aka yi maka?"

"Da safen nan aka shiga da ni. Ga matata can riƙe da hulata. Mijinki ne mai tabo a gira?"

"Ya aka yi ka sani?"

"Na wuce ta gefensa da zan fito. Yana motsa ido."

Ƙofa ta buɗe. Likita ya fito a hankali, kansa a sunkuye, ya nufi tsohuwar da ke riƙe da hula. Da matashiyar ta juyo, ba kowa a gefenta.