Gurbin da Kawu Bustami Ya Rufe

Jama'ar guruf, tunda wasu sun yanke bidiyon suna yawo da rabinsa, ga abin da na faɗa jiya a sadakar arba'in ɗin Kawu, kaf ɗinsa. Ni ce Desmawati, Desi mai shagon caji na bakin gada. Wanda zai tura, ya tura duka.

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Mai girma wakilin Hakimi, barka da zuwa, mun ga yadda taɓon hanyarmu ya yi wa motarka ado. Ranka ya daɗe Mai Gari Masrizal. Dattawan dangogi huɗu na Koto Rambai, Allah Ya ƙara girma. Malam Liman, Allah Ya gafarta. Inna Nurbaiti, yayar marigayi, babbar ɗakinmu. Anti Yusmaniar, matarsa. Yaya Asril, ɗansa. Iyayenmu mata da ke bayan gida kan hayaƙin lamang, shinkafar nan da ake dafawa cikin gora, tun safe. Da 'yan garinmu na Jakarta da Batam da ke kallo ta wayata, ku yi haƙuri in hoton na tsayawa, kun san sabis ɗinmu.

Ni ba mai boko ba ce, a aji biyu na sakandare na tsaya. Kwamitin Mai Gari ne suka zaɓe ni, wai ina da mabiya da yawa, in yi jawabi kuma in karanta wata sanarwa a ƙarshe. To, za mu zo kanta. Bari in fara da Kawuna, ƙanen uwata.

Ya kasance mutumin da garin nan ke cikin kansa. In ka zauna da shi a bakin kogi sai ya nuna maka da baki: ga tudun kirfa inda kakanninmu mata huɗu suka gangaro da ɓaunayensu, ga tsamiyar da suka fara yada zango, ga inda tsohuwar kasuwar Laraba take kafin ambaliya ta cinye ta tare da gadar katako. Mu dai garinmu tsakanin tudu da ruwa yake, hanya ɗaya ta shigowa, ita ce kuma ta fita. Kawu yakan ce, "Tudu ya ba mu kirfa, fadama ta ba mu shinkafa, kogi kuwa ba ya ba mu komai, aro yake ba mu."

Ya kasance wanda ya ga shekarar da kogin ya mutu. Manyan da ke nan kun tuna. Aka dinga zuba guba, aka dinga saka wutar batir don kama kifi, har aka wayi gari ko ɗan ƙaramin kifi babu a ruwan. Lokacin ne kawunsa ya miƙa masa rufin gurbi, wurin nan mai zurfi a kogi, yana saurayi. Ya kafa gora nan, ya kafa gora can, ya ɗaura musu farin ƙyalle, aka karanta Yasin, shi ke nan. Daga wannan gora zuwa waccan ba mai jefa ƙugiya sai bayan ƙaramar Sallah, in 'yan ci-rani sun dawo gida, a buɗe rana guda kowa ya ci, a sayar da abin da ya saura a gyara masallaci, a sake rufewa. Da haka muka tashi. Da haka kifayenmu garing suka kai cinyar babban mutum.

Ya kasance ba ya sassauta wa kowa, har gidansa. Anti Yus, ki yafe min, zan tona. Tana da cikin Yaya Asril ta ce ita kifin gurbi kawai ranta ke so. Ta yi kuka, ta yi yaji rabin yini. Ya taka da ƙafa har kasuwar garin gaba ya sayo mata kifi. Ta ɗanɗana ta ce, "Wannan ba shi ba ne." Ya ce, "To ki gaya wa na cikin ya jira Sallah, kowa ma jira yake." Kun ga tana dariya tana hawaye? Haka yake sa mutum.

Ni kuwa kullum faɗa muke. In na je ɗaukar kifi a waya yana watsa musu dusa, sai ya ce, "Ke Desi, 'yar banza, kin tambaye su? Su ba su da mutunci ne?" In ce, "Kawu, mutum dubu fa suka yi laik." Ya ce, "A cikin dubun nan wa zai zo ya kwashe ledar da ke bakin ruwa?" Sai ya miƙo min kwando. Wallahi har yau in na buɗe wayata ina neman wanda zai zage ni irin haka.

To, yanzu mu zo kan masu kujerun gaba.

Ya kasance wanda kuka kira tsohon da ya tare wa gari ci gaba. A taron ofis aka faɗa, da lasifika, muna ji daga shago. Yau ga ku nan da hankici kuna matse ido. Bara da baƙi suka zo daga gunduma, Mai Gari ya aika a kamo musu garing biyu, wai don a fita kunya. Kawu ya ce da ɗan aiken, "Ka gaishe shi, ka ce akwai taliya a shagon gaba." Tun ranar ba ku ƙara gayyatarsa taro ba. Ya kwanta jinya wata da watanni, gidan nan da ofis ɗinku ko sigari ba za ta ƙare ba ka iso, wa ya leƙo? Wa ya leƙo, jama'a?

Malam Liman, na ga hannunka. Allah Ya gafarta Malam, kai ka koya mana cewa shaidar zur haramun ce ko a kan gawa. Bari in ƙarasa.

Ga sanarwar da aka ba ni. Wai ran Lahadi mai zuwa za a yi babbar gasar kamun kifi a gurbi, don tunawa da marigayi Bustami. Masu ƙugiya daga birni, motoci cike, wanda ya yi na ɗaya ya hau babur. Kun ga allon a bakin gada. Hoton Kawu da ke jiki daga shafina aka ɗauke shi, ba a ko tambaye ni ba, aka yanke kwandon sharar da ke hannunsa aka liƙa masa sandar kamun kifi. Kawu! Da sandar kifi! Mutumin da bai taɓa riƙe ta a gurbin nan ba sai ranar buɗewa!

Kuma yanzu? Tsakiyar damina? Ku je ku leƙa, duk macen garing cikinta tim yake da ƙwai. Kowace ɗaya da za a ciro ran Lahadi, kifin baɗi da na baɗin baɗaɗa aka ciro. Ku kashe abin da ya yi rainonsa tun yana saurayi, ku ce tunawa da shi kuke? Wai da ya mutu rufin ya mutu. Inji wa? Gorar na tsaye, ƙyallen na ɗaure. Wanda zai kwance shi dattawa ne za su zaɓa cikin 'ya'yan 'yan'uwansa mata, yadda shi ma ya karɓa, kuma sai lokacin ya yi.

An ce ai an nemi izinin iyali, Yaya Asril ya amince. Yaya, ɗago ka dube ni, ba da kai nake faɗa ba. An same ka kwana uku da binne babanka, ko ruwa ba ka iya haɗiya, aka ce za a girmama shi, ka ce to. Babanka ne, ba mai raba ka da shi. Rediyonsa naka ne, kekensa naka ne, addu'arka ta fi ta kowa isa gare shi. Amma a al'adarmu ɗa dangin uwarsa yake bi, kai ɗan dangin Anti Yus ne. Gonar da hanyar gurbi ta ratsa ta ɗakinmu ce, daga kaka zuwa uwa zuwa 'ya. Kawu da kansa bai isa ya bayar da taku ɗaya a cikinta ba sai matan gida sun yarda.

Ranka ya daɗe Mai Gari, ko shekarun Jakarta ne suka shafe maka wannan? Ka tsallake Inna Nurbaiti tana zaune da ranta, ka je neman izini wajen ɗa? Kai fa gidan da kake kwana na matarka ne. Ranar da ta ajiye maka takalmanka a waje, ofis za ka kwana. A'a, ku bar dariya, ba wasa na zo yi ba.

Inna ba ta son magana a taro, ta ce in faɗa a madadinta. Yau da sassafe, kuna can kuna goge takalman zuwa nan, mu matan ɗakinmu mun fasa kunyar gona, mun sako ruwa a kan 'yar hanyar nan, mun dasa shinkafa tun daga bakin titi har bakin gurbi. Ku dubi ƙafafuna, ban ma gama wankewa ba. Inna da ciwon gwiwarta ita ta dasa layin farko. Ta ce, "Ban hana kowa zuwa ba. Wanda uwarsa ta haife shi a Koto Rambai, ya zo ya taka shinkafar da aka dasa, ina kallonsa." Ran Lahadi za ta ɗauki kujera ta zauna a bakin gonar. Ni kuma zan tsaya kusa da ita da wayata, cajinta a cike, duk 'yan ci-rani na kallo. Wanda ya fara sa ƙafa, uwarsa za ta gan shi kafin ya ɗaga ta biyu.

Ranka ya daɗe, ina zuwa kuma? Zauna mana, ba a shafa fatiha ba. Yauwa.

Anti Yus, Allah Ya ba ki haƙuri, kin yi zama da mutum mai taurin kai kuma kin iya. Yaya Asril, in ka ga dama ka zo da taka kujerar, akwai wuri kusa da Inna. Mun gode wa duk wanda ya zo, har da waɗanda suka zo don hoto. Kar kowa ya tafi bai ɗauki lamang ba.

Allah Ka jiƙan Kawu Bustami, Ka yafe masa kurakuransa, Ka sanyaya masa makwanci, Ka shayar da shi daga ƙoramun Aljanna. Allah Ka ba mu shugabanni masu kunya, waɗanda muke da su kuma Ka saka musu ita kafin Lahadi. Allah Ka raya shinkafar Inna har ta yi kai.

Malam, bisimilla, a yi fatiha.